Idon Mudi Na Dama

A gidan Baffa Ubale, babban mahaucin nan na bakin kasuwar Kiru, kowa da aikinsa. Wani yanka, wani fiɗa, wani tallan tsire, wani shanyar fata. Aikin Mudi faɗuwa ne.

Ga yadda abin yake. Da an yi kaka, an kai dawa rumbu, sai garuruwa su fara sa dambe. Baffa yana da ɗa namiji guda, Labaran, dogo, fari, mai faɗin ƙirji, wanda in ya tuɓe riga ya shiga fage har guɗa mata suke yi. Sai dai zuciya ce babu. In ya ga ƙato ya ɗaure hannu da gaske, sai ya fara ja da baya. Shi kuwa Mudi ɗan ƙanen Baffa ne, maraya, a gidan ya tashi, ya kuma girmi Labaran. Gajere ne, baƙi, kakkaura.

To sai a tura Mudi gaba tun ana gobe kasuwa. Ya aske kai ƙwal, ya rataya layu, ya sauka garin a baƙo. A Tudun Wada shi ɗan Ikara ne, a Doguwa shi mutumin Lere ne. Ya shiga fage da la'asar, ya zubar da samarin garin, ya yi ta kirari yana cika baki har ran mutane ya ɓaci. Sai ga Labaran da makaɗinsa. Turmin farko a yi ta zagaye, na biyu a taɓa juna, a na uku Labaran ya kai hannu, Mudi ya zube. A dambe ko gwiwarka ce ta taɓa ƙasa an kashe ka ke nan, amma Baffa ba ya son kisan gwiwa. So yake Mudi ya tashi sama ya dawo ta baya, ƙasa ta amsa. Gari ya ɗauki Labaran a kafaɗa. Riguna, akuya, buhun gero, duk Kiru ake kaiwa. Mudi ya sulale ta bayan gari ya biyo su a ƙafa.

"Mutane ba jakai ba ne," in ji Baffa kullum. "In ba su ji ƙarar hannu ba, za su gane. Ka tsaya ya same ka sosai, sannan ka faɗi."

Saboda haka dukan na gaske ne. Hannun ɗan dambe kuwa ba hannu ba ne, tsumma ne aka naɗe, aka bi shi da zare mai ƙulli har ya zama kamar kan taɓarya. Dabarar Mudi ɗaya ce. In ya ga hannun daman Labaran ya taso, sai ya kau da fuska dama, ya ba shi kuncin hagu. Kuncin nan ya sha duka har ya yi kanta.

A kakar 1956, a Doguwa, ƙullin zaren ya zame daga kunci ya sami ido. Mudi ya faɗi yadda aka saba, mutane suka yi ihu yadda aka saba. Wani mai jakai ne ya tsince shi a hanya da tsumma a fuska, ya ɗora shi bisa kayan barkono har Kiru. Da kumburin ya sace, idon hagu ya yi fari fat.

Mamman wanzami ya zo ya yi masa ƙaho a ƙeya. Ya buɗe idon da yatsa, ya duba, ya buɗe na daman ya daɗe yana dubawa.

"Na hagu ya tafi, sai haƙuri. Wannan ma akwai jini kwance a cikinsa. Mudi, ni ba na ɓoye wa mutum magana. In hannu ya sami idon nan sau ɗaya, sanda za a ja ka da ita."

Saude matar Mudi tana bakin ƙofa, ta ji komai. Da wanzamin ya fita ta ce, "Maigida, ka je ka gaya wa Baffa. Yau, ba gobe ba."

Mudi ya sami Baffa a zaure bayan la'asar yana cin goro. Ya durƙusa ya gaishe shi, ya daɗe yana murza ƙasa da yatsa.

"Baffa, dama cewa na yi ko za a ɗauke mini damben nan."

"Wane dambe? Kai dambe kake yi? Labaran ne yake dambe. Kai faɗuwa ce taka."

"Faɗuwar nake nufi, Baffa. Mamman wanzami ya ce..."

"Mamman wanzami! Mutumin da ko aski ya yi sai ya yanki kunne. Yaushe ya zama likita?"

"Ido ɗaya ya rage mini."

"Yo da guda nawa ake ganin hanya? Shiga kasuwa ka duba masu ido ɗaya, kowa yana cin tuwonsa." Baffa ya tofar da goro. "Ka ji, Mudi. Ran da ubanka ya mutu ko wando ba ka sani ba. Wa ya ɗauke ka? Wa ya yi maka kaciya, wa ya yi maka aure? Sunan gidan nan a kan Labaran yake. Saboda sunansa Fulanin Doguwa suke kawo mini shanu har ƙofa. In sunan ya faɗi, tukunyar da kake ci ce ta faɗi. Kuma ai yanzu abin ya zo da sauƙi. Gefen da ake duka ya riga ya mutu. Me kuma za a kashe a wurin?"

Mudi ya ce, "To, Baffa." Abin da ya iya faɗa ke nan tun yana yaro.

Saude ba ta haƙura ba. Ta sami Inna Kande, uwar Labaran, a murhu tana tuƙin tuwo, ta tsuguna nesa kaɗan.

"Inna, don Allah ki sa baki."

"Ke 'yar nan, mu da muka raine shi ba mu fi ki sonsa ba? Da hannun nan na yi masa wanka. Namiji ne, ba a raba namiji da tabo." Ta buga muciya a bakin tukunya. "So kike Labaran ya shiga gaban ƙattin Zazzau su fasa masa kai? Shi Mudi ai ya saba. Jikinsa ya iya."

"Inna, ido ba ya sabawa."

"Rufe mini baki. Kin zo gidan nan kamar kara, romon gidan ya cika miki kumatu, yanzu har kin sami bakin gaya mini magana. Kwashe kwanonin can ki wanke."

Haka aka ƙarasa kakar. Ƙauyukan bayan Tudun Wada, ƙauyukan gindin dutse, ko'ina Mudi yana miƙa mataccen gefensa ana duka. Farin idon ma sai ya zame wa Baffa ado. Ya ce a riƙa cewa a Lere aka yi masa shi, ran da ya kashe mutum uku a fage guda, mutane su ƙara jin tsoronsa, kisan Labaran ya ƙara daraja.

Amma kan mutum ba dutse ba ne. Mudi ya fara tashi da ciwon kai wanda yake sa shi amai. Ya kai hannu zai ɗauki moɗa ya dafe ƙasa. A wurin fiɗa wuƙa ta wuce nama ta shiga tafin hannunsa, sai aka ɗauke shi daga fiɗa aka ba shi wankin hanji. Da damina ya je gandu, ya yi ta sare dawa yana tsammanin ciyawa ce, Baffa ya zage shi a gaban 'yan ƙwadago. In rana ta take, wani abu kamar yanar gizo yana yawo a idon na dama. Yakan zauna a inuwa ya rufe shi da tafin hannu, kamar mai kare fitila daga iska.

Saude ta ce su tafi Ba'awa wurin iyayenta, ko ƙwadago ne ya yi. Ya ce, "In tafi in ce me? A ce ɗan da aka raina ya gudu?" Ta ce, "A ce ɗan da aka raina yana gani."

Kaka ta sake zagayowa. Wata ranar kasuwa sai ga mota a ƙofar gidan Baffa, wani mutum ya fito da farar riga da takalmi sau-ciki. Sunansa Malam Habu, tafinta ne, yana yawo da wani Nasara mai ɗaukar hoton majigi. Ya ce suna ɗaukar wasannin ƙasa, sun yi kokawa, sun yi sharo, saura dambe, kuma duk inda suka tambaya sunan Labaran ake faɗa.

"Sai dai akwai sharaɗi," in ji tafinta. "Akwatin ɗaukar hoton nan ba ya jira. Muna son abokin karawa wanda in an ce faɗi zai faɗi, a daidai inda aka zana masa. Ko za a samu?"

Baffa ya yi dariya har hularsa ta karkace. "Malam, ai a gida muke da shi."

Aka sa rana a Tudun Wada. Baffa ya sa aka ɗinka wa Labaran sababbin layu na jar fata, jere tun daga kafaɗar dama har gwiwar hannu. Ya sayi sabon zare, shi da kansa ya yi ƙullin. Da za su tashi, Labaran ya sami Mudi a bayan ɗaki yana ɗaure ƙunshin tafiya.

"Yaya, kada ka damu. Wallahi shafa ka kawai zan yi."

"Ka sami kuncin dai, Labaran. Kuncin hagu. Kada ka hau sama."

"Haba Yaya, yau na fara?"

Ranar, fagen Tudun Wada ya cika tun hantsi, don ba a taɓa dambe da hantsi ba, kowa yana so ya ga dalili. Nasaran ja ne, siriri, da gajeren wando, wuyansa ya ƙone. Ya kafa akwatinsa mai ƙafa uku, rana a bayansa. Aka zana layi biyu da toka. Labaran ya tsaya a ɗaya, hannunsa na dama da jajayen layu yana wajen akwati. Mudi ya tsaya a ɗayan, akwatin yana gefensa na hagu. Makaɗi ya saki kalangu. Akwati ya fara ƙara, ƙirrr, kamar gyare.

Suka zagaya, suka taɓa juna. Tafinta ya ɗaga hannu. Labaran ya kai duka, Mudi ya kau da fuska dama, hannu ya sauka a kunci, tim, ya tashi sama ya dawo ta baya. Fage ya ɗauki ihu. Ko a Doguwa bai taɓa faɗuwa mai kyan wannan ba.

Nasaran ya ɗago kai daga akwati yana girgiza shi. Ya yi magana mai tsawo.

"Ya ce a sake," in ji tafinta. "Ya ce faɗuwar ta yi, amma ka ɓoye fuska. Ƙeyarka kawai ya samu. In hannu ya taso, ka juyo nan, wajen akwati, a ga fuskarka lokacin da dukan ya sauka."

Mudi yana zaune a ƙasa. Ya dubi akwatin, ya dubi hannun Labaran. Juyowa wajen akwati juyowa ce cikin hannun, da idon dama a gaba.

Wani tsoho daga cikin 'yan kallo, da gani tsohon ɗan dambe ne, hancinsa a baje, ya buga sanda a ƙasa. "Kai jama'a! Wane irin a sake? An kashe shi an kashe shi. Tun kakanninmu ba a kashe mutum sau biyu a fage ɗaya."

Baffa ya je har gabansa yana murmushi. "Baba, wannan ba dambe ba ne, majigi ne. Dokarsa daban."

Mudi ya tashi ya matsa kusa da tafinta, ya rage murya. "Malam, ka taimake ni. Idon nan ɗaya gare ni. In muka yi musayar wuri, ni in koma can shi ya dawo nan, in na kau da fuska yadda na saba, wajen akwatin zan kau da ita. Zai sami fuskar, ni in sami idona."

Tafinta ya juya ya faɗa wa Nasara. Nasaran ya dubi layukan toka, ya dubi rana, ya ɗaga kafaɗa.

"Ya ce shi duk ɗaya ne a wurinsa. Ku yi musayar."

Mudi ya sauke numfashi. Har ya ɗaga ƙafa zai tsallaka, Baffa ya riƙe damtsensa.

"Tsaya. Malam, in Labaran ya koma can, wane hannu akwatin zai gani?"

"Na hagu. Na daman zai ɓuya a bayan jikinsa."

"Da layun?"

"Da layun."

"To ba a yi ba. Hannun nan shi aka zo ɗauka tun daga Kaduna, ba fuskar wannan ba. Kowa ya tsaya inda yake."

"Baffa," in ji Mudi. "Baffa, idona."

"Kai, kada ka kunyata ni a gaban baƙi. Juyowa kaɗan ce fa aka ce, ba a ce ka tura masa ido ba. Labaran ya san inda zai sa hannu. Ɗan uwanka ne, zai cuce ka ne?" Ya matso da baki kusa da kunnensa. "In ka watsa mini ƙasa a ido yau, kada ka biyo ni Kiru. Kai da matar taka."

Tafinta ya duba agogonsa ya kau da kai. Shi dai an ce masa a sami dambe kafin rana ta take.

Aka sake. Hannu ya taso, jikin Mudi ya ƙi, wuyansa ya kauce da kansa yadda ya saba shekara da shekaru. Nasara ya ce a sake. Aka sake, akuya ta ratsa fage. Aka sake, Mudi ya juyo, Labaran ya tausaya ya sassauta hannu, dukan ya sauka kamar mai kore ƙuda, Mudi ya faɗi duk da haka. Wannan karon ba Nasara kaɗai ya gani ba, duk fagen ya gani. Aka fashe da dariya.

"Kai dogo, lalle kake shafa masa?"

"Wannan ne Labaran na Kiru? Ƙanwata ta fi shi hannu!"

"A cire masa layun nan a ba mai tallan fura!"

Fuskar Labaran ta canza. Bai taɓa jin an yi masa dariya a fage ba, ko sau ɗaya, don tun da ya fara Mudi ne yake shanye masa ita. Ya dubi ubansa. Baffa ya dunƙule hannu ya nuna masa, ya ce da ƙarfi yadda kowa zai ji, "Nuna musu!"

Kalangu ya tashi. Akwati ya fara ƙara. Mudi ya kafa ƙafa a kan toka, kuncinsa ya kumbura, bakinsa da gishirin jini. Ya ga kafaɗar Labaran ta ja baya fiye da kullum, ya san wannan ba shafa ba ce. Yana da lokacin kaucewa. Ya tuna ɗakinsa a Kiru, da Saude a bakin ƙofa da ƙunshin kayanta in an kore su. Ya riƙe wuyansa da ƙarfin tsiya, ya juyo wajen akwati. Ya ga gilashinsa zagayayye, baƙi, da ɗan hasken rana a gefe.

Wannan faɗuwar ba ta yi kyau ba. Bai tashi sama ba, bai dawo ta baya ba. Ya nannaɗe ne kawai a inda yake, kamar buhun da aka zazzage. Nasara ya ɗago kai yana murmushi, ya ɗaga babban yatsa.

Aka ɗauki Labaran a kafaɗa aka zagaya da shi kasuwa. Tsohon nan mai bajajjen hanci shi ya ja Mudi gindin tsamiya ya zuba masa ruwa a fuska. Da ya farfaɗo ya yi ta ƙifta ido, ya ce, "Ku ɗan matsa daga kaina, kun tare mini haske."

Babu kowa a kansa. Tsohon yana gefe, rana tana tsakiyar sama.

Can da yamma Labaran ya zo, da sabuwar riga a kafaɗa. Ya tsuguna ya kaɗa hannu a gaban fuskar Mudi, ya ga ko gezau.

"Yaya, me ya sa ba ka kauce ba? Kullum fa kana kaucewa. Ni na ɗauka za ka kauce. Kowa ya gani, kai ka kawo fuskar."

A Kiru, duk wanda ya zo dubiya Baffa ne yake tare shi a zaure. "Ciwon idon mutanen bakin rafi ne, a Doguwa ya ɗauko. Mun yi magani har mun gaji. Abin da Allah ya rubuta." Masu dubiya su ce Allah ya ba da lada, Allah ya saka wa Baffa da ya riƙe maraya har makanta. Mamman wanzami ya zo, ya duba, ya tattara ƙahonninsa bai ce komai ba. Shi ma a gidan yake samun ƙashin miya.

Inna Kande ta fara rage malmalar ɗakin Mudi. Ta ce wanda yake zaune ba ya jin yunwa kamar mai aiki. Da maganar auren Labaran ta taso, aka ce ɗakin Mudi ya fi kusa da rijiya, amarya za ta fi jin daɗinsa, shi kuwa yanzu ko'ina ɗaya ne a wurinsa. Aka mai da su ɗakin ajiyar fatu. Saude ta share, ta yi turare, warin bai fita ba.

Baffa ya ɗauka Ingila za a kai hoton, Turawa su kalla su yi mamakin Labaran. Bai taɓa kawowa a ransa cewa motar majigi za ta zo Kiru ba. Da mai shela ya zagaya ya ce za a nuna majigi a filin kasuwa, har da damben ɗan gari, Baffa ya kasa cin abinci. Duk Kiru za ta ga ɗan Ikaran da Labaran ya kashe, ta ga Mudi ne.

Kiru ta gani. Washegari a bakin rijiyar unguwa mata suka tare Saude suna dariya.

"Ke Saude, mun ga mijinki jiya! Fuskarsa ta cika bango. Da hannun ya sauka har sai da na rufe ido."

"Yara sun hana mai majigi tafiya, wai sai ya maimaita wurin."

Saude ta ajiye guga. "Kun gane shi ke nan. Kun ga abin da aka yi masa."

Wata dattijuwa ta taɓe baki. "Yo wa bai sani ba? Tun yaushe. Duk kaka a aske masa kai ya ɓace, ya dawo da kumburi, Labaran ya dawo da akuya. Mu yara ne? Harkar gidansu ce, 'yar nan. Wa zai shiga tsakanin mutum da ɗan ƙanensa?"

Ko mutum ɗaya bai fasa sayen nama ba. Baffa ya dawo da cin abincinsa.

Sai dai majigin ya kai sunan Labaran inda Baffa bai aika shi ba. Mutanen Bebeji suka aiko takanas, suna da wani manomi mai hannu, suna so a gwada. Ba yadda za a ƙi. Aka je. Manomin ko laya ba shi da ita. A turmin farko ya sa Labaran ya zauna daɓas, ya tashi ya fita fage da gudu, zaren hannunsa yana warwarewa a bayansa. Kafin su iso Kiru labari ya riga su.

Da safe Baffa ya shigo ɗakin fatu, abin da bai taɓa yi ba. Mudi yana zaune a tabarma ya jingina da bango. Ya gane takun, ya gyara zama ya gaishe shi.

"Ka ji abin da ya faru," in ji Baffa. "Ka ga abin da makantar nan taka ta jawo mana. Da kana nan da ba a kai ga haka ba." Ya yi gyaran murya, ya sassauta. "Amma ba a rasa dabara ba. Akwai ƙauyuka a bayan duwatsun Doguwa, ko motar majigi ba ta iya shiga. Za a kai ka da jaki tun ana gobe. Ba sai ka kara da kowa ba. A raka ka har tsakiyar fage, ka yi kirari, Labaran ya fito. Sau biyu ko uku, sunan ya dawo."

Mudi ya juyo da fuska wajen muryar. Sannan ya ce, "Baffa, ba na gani."

"Na sani. Yo faɗuwa tana neman ido ne? Kuma yanzu ai ba abin da za ka ji wa tsoro. Ko ta ina ya sa hannu, babu sauran abin da zai lalace."

Saude tana tsaye a bakin ƙofa da tsintsiya. Ta jingine ta. Ta shiga ta naɗe zannuwanta biyu da rigar Mudi, ta ɗaura a ka. Ta zaro sandar da ake shanya fata, ta sa ƙarshenta a hannun mijinta, ta riƙe ɗaya ƙarshen.

"Tashi, Maigida."

"Ke, da wa kike?" in ji Baffa. "Mudi, in ka taka ƙofar nan, ba ni ba kai."

Mudi ya buɗe baki. Kalmar da ya saba tana kan harshensa. Ya haɗiye ta, ya dafa bango ya miƙe.

A tsakar gida Inna Kande ta sha gabansu. Ta zare ƙaramar tukunyar da Saude ta rataya, ta ce ta gidan ce. Ta dubi sandar ma, ta ce ta shanyar fata ce, amma ta bar musu sadaka. Labaran yana ɗakin amarya, bai fito ba.

Ranar kasuwa ce, kuma hanyar Ba'awa ta cikin kasuwa ta bi. Baffa ya riga su fita, ya tsaya a rumfarsa yana gaya wa duk mai kunne: ya raini yaro tun ba wando, ya yi masa aure, ya yi jinyarsa, yau mace ta zuga shi ya tafi ko sallama babu. Mutane suna girgiza kai suna cewa duniya ta lalace, butulci ya yi yawa. Babu wanda ya ce Ubale, ina idon yaron nan. Liman ya wuce, mai unguwa ya wuce, waɗanda suka yi wasan ƙasa da Mudi suna zaune a kan buhunansu, kowa ya ga fuskar nan a bango, kowa ya san hannun da ya sauka a kanta da wanda ya ce a sauke shi. Gidan mutum ne, ba a shiga.

A bakin kwatar mahauta akwai ɗan kwalbatin da ruwan wanke nama yake bi. Saude ta ce ya ɗaga ƙafa, hayaniyar kasuwa ta hana shi ji. Ƙafarsa ta zurma, sanda ta kuɓuce, ya tafi ta baya cikin ruwan jini da kashin shanu.

Wani daga rumfar masu barkono ya ƙyalƙyale. "Kai! Irin ta majigi! Mudi, don Allah ƙara mana ɗaya!"

Dariya ta bi rumfuna. Saude ta sunkuya ta ɗago shi, ta goge masa fuska da bakin zanenta, ta mayar masa da sandar a hannu. Suka bi ta tsakiyar masu dariyar a hankali, ita a gaba, shi a baya, har suka fita gari.

Baffa ya koma kan nama. Sa ne mai ƙiba aka yanka ranar, kafin azahar ya ƙare.